Tazarar da ake ci ta kai biyu: sharhi kan lissafin gudu, nisa da lokaci

Akwai wata tambaya da ba ta ɓacewa daga darasin lissafi na sakandare, kuma takan leƙo a jarrabawar WAEC da NECO da JAMB cikin shiga iri-iri. Mota ta taso daga gari kaza, wata ta taso daga gari kaza, sun fuskanci juna a kan hanya ɗaya. Yaushe za su haɗu, kuma a ina? Yaron da ya iya tarawa da rabawa, wanda in ka aike shi kasuwar Tudun Wada zai kawo maka canji cif babu ragin naira ɗaya, sai ka ga ya tsaya cak a gaban wannan tambaya. Lissafin da ke cikinta bai fi ƙarfinsa ba. Abin da ke ɗaure masa kai shi ne yana ƙoƙarin bin motoci biyu da ido a lokaci guda, wannan tana tafiya, waccan tana tafiya, kowace da nata gudun. Alhali abu guda ne kawai ya kamata ya zuba wa ido, wato tazarar da ke tsakaninsu.

Tushen lissafin gaba ɗaya magana ɗaya ce. Wanda yake gudun kilomita 75 a awa, in ya yi awa biyu yana tafiya ya ci kilomita 150. Nisa shi ne gudu sau lokaci. Daga nan sauran biyun suke fitowa: in kana neman lokaci ka raba nisa da gudu, in kana neman gudu ka raba nisa da lokaci. Duk direban tashar Kwangila da ke Zariya ya san wannan ko bai taɓa zama a aji ba, shi ya sa in ka tambaye shi yaushe za a shiga Kano zai dubi rana ya ba ka amsa.

To mu ɗauki hanyar Zariya zuwa Kano, mu ƙaddara ta kilomita 150, wanda bai yi nisa da gaskiya ba. Ƙaramar mota ta tashi daga Zariya tana gudun kilomita 75 a awa. A daidai wannan lokaci wata tirela ta baro Kano tana gudun kilomita 50 a awa. Ka manta da motocin, ka tambayi kanka me yake faruwa da tazarar nan ta 150 cikin awa guda. Ƙaramar mota ta ci 75 daga wannan kai, tirela ta ci 50 daga wancan kai. Tazarar ta ragu da 125. Yanzu tambayar ta koma mai sauƙi: abin da yake raguwa da 125 a kowace awa, yaushe 150 ɗinsa za ta ƙare? Ka raba 150 da 125, ka sami awa 1.2. Kamar manoma biyu ne da suka kama kunya ɗaya, wannan daga gabas, wancan daga yamma. Kunyar ba ruwanta da wanda ya fi zafin nama, abin da ke ƙarar da ita shi ne aikin da su biyun suke yi in an haɗa.

A kan wannan 1.2 ɗin yara da yawa suke zubar da makin da suka riga suka samu. Sai su rubuta awa ɗaya da minti 20, ko ma awa ɗaya da minti 2. Awa ba minti 100 ba ce, minti 60 ce, saboda haka 0.2 na awa shi ne 0.2 sau 60, minti 12 ke nan. Za su haɗu bayan awa ɗaya da minti 12. Wurin haɗuwa kuwa, ka koma ga mota ɗaya kaɗai: 75 sau 1.2 ya ba da kilomita 90 daga Zariya. Tirela ta yi 50 sau 1.2, kilomita 60 daga Kano. Ka tara 90 da 60 ka ga sun ba ka 150 ɗin da ka fara da ita. Wannan dubawar ba ta cin rabin minti, kuma ina ganin bai kamata malami ya karɓi aikin ɗalibi ba sai da ita, domin ita ce take nuna wa yaro da kansa ko ya yi daidai, ba sai ya jira jan biro ba.

Ana iya gano wurin haɗuwar ma ba tare da an nemi lokaci ba. Tunda su biyun lokaci ɗaya suka ɗauka suna tafiya, rabon hanyar zai bi rabon gudunsu. 75 da 50 daidai suke da 3 da 2. Ka kasa hanya kashi biyar, kowane kashi kilomita 30, ƙaramar mota ta ɗauki uku, tirela ta ɗauki biyu. 90 da 60 ke nan. Sannan ga wata ’yar tambaya da nake so a riƙa jefa wa aji: a lokacin da suka haɗu, wace ce ta fi kusa da Zariya? Za ka ji aji ya rabu biyu ana gardama. Wuri ɗaya suke, nisansu da Zariya ɗaya ne. Wanda ya yi gardama a kan wannan bai riga ya ga hoton abin a zuciyarsa ba, lambobi kawai yake jujjuyawa.

Abin da aka saba ba yara shi ne hadda: in sun fuskanci juna ka tara, in sun bi hanya ɗaya ka ɗebe. Maganar gaskiya ce, amma ba na son a fara da ita. Yaron da ya haddace ta ba tare da ya ga tazarar tana raguwa ba, da zarar an ɗan karkata tambayar sai ya tara abin da bai kamata a tara ba. Ya fi kyau malami ya fitar da aji fili, ya tsayar da ɗalibai biyu taku 30 tsakani, ya ce duk sa’ad da aka tafa, wannan ya yi taku uku, wancan ya yi biyu, sauran aji kuma su riƙa faɗin tazarar da ta rage da ƙarfi. 30, 25, 20, 15, 10, 5, sun haɗu a tafi na shida. Daga nan sai ya juya ɗaya, mai taku uku ya bi mai taku biyu a baya, a sake ƙirga: 30, 29, 28. Babu wanda zai sake tambayar dalilin tarawa da ɗebewa bayan wannan, kuma ba a sayi komai ba, ko alli ba a taɓa ba.

Karkatarwar da masu jarrabawa suka fi so ita ce ta bambancin lokacin tashi. Tirela ta bar Kano da ƙarfe 7:00, ƙaramar mota ba ta bar Zariya ba sai 7:30. Mai hadda zai raba 150 da 125 ya miƙa takarda. Amma tazarar ba a fara cinta ta kai biyu ba sai 7:30. Kafin nan tirela ita kaɗai take kan hanya, kuma cikin rabin awa ta ci kilomita 25. Saura 125. Yanzu ne aka fara cinta da 125 a awa, saboda haka awa ɗaya daga 7:30, haɗuwa ƙarfe 8:30. Ƙaramar mota ta yi kilomita 75, tirela ta yi awa ɗaya da rabi a kan 50, ita ma 75. Sun haɗu a tsakiyar hanya daidai, mai gudu da marar gudu, saboda sammakon da tirela ta yi ya biya mata rashin gudunta.

Wanda yake son ya bi ta aljabara, sai ya kira lokacin da tirela ta yi tana tafiya da harafin t. Ƙaramar mota ta yi t ban da rabin awa. Nisan wannan da nisan waccan in an tara dole su cika hanya: 50t + 75(t − 0.5) = 150. Ka warware ka sami 125t = 187.5, t ya zama 1.5, awa ɗaya da rabi bayan 7:00. Amsa ɗaya ce. Amfanin aljabara yana fitowa ne idan abin da aka ɓoye ba lokaci ba ne. Misali, masu keke biyu a Zariya, ɗaya daga Samaru, ɗaya daga Ƙofar Doka, a ƙaddara kilomita 15 tsakaninsu. Sun haɗu bayan minti 30, kuma an ce ɗaya ya fi ɗaya gudu da kilomita 4 a awa. Tazarar 15 ta ƙare cikin rabin awa, ashe gudunsu in an haɗa 30 ne a awa. Lambobi biyu da jimillarsu 30, bambancinsu 4, su ne 13 da 17. Ko a nan ma daga tazarar aka fara.

Wannan tambaya tsohuwa ce ƙwarai, ta girmi mota da jirgin ƙasa nesa ba kusa ba. A wani tsohon littafin lissafi na ƙasar Sin, mai shekara kusan 2000, akwai tambayar agwagwar daji da dinya. Agwagwa tana tashi daga tekun kudu ta isa tekun arewa cikin kwana 7, dinya kuma daga tekun arewa zuwa na kudu cikin kwana 9. In sun tashi lokaci ɗaya, yaushe za su haɗu? Abin da ya sa nake ƙaunar wannan tambaya shi ne ba a ba da nisa ba, ba a ba da gudu ba, kuma duk da haka tana da amsa. Ɗalibi zai ce, “Malam, ai tambayar ba ta cika ba.” Ta cika. Ka ɗauki hanyar a matsayin abu guda. Agwagwa tana cin kashi ɗaya cikin bakwai a kwana, dinya kashi ɗaya cikin tara. In ka kasa hanyar kashi 63, agwagwa tana cin 9 a kwana, dinya tana cin 7, su biyun 16. Ka raba 63 da 16, kwana 3 ke nan da kashi 15 cikin 16 na kwana, saura kaɗan kwana huɗu. Duk wanda ya fahimci wannan ya fahimci tambayoyin famfo biyu masu cika tanki da na leburori biyu masu aiki ɗaya, waɗanda littattafan makaranta suke kai wa wani babi daban kamar ba dangi ba ne.

Akwai kuma ta ƙuda, wadda ta fi kowace nuna amfanin sanin abin da za a kalla. Masu keke biyu kilomita 30 tsakani, kowanne yana gudun 15 a awa, sun fuskanci juna. Ƙuda mai gudun 40 a awa ya tashi daga hancin wannan zuwa na wancan, ya juyo, ya koma, haka haka har suka haɗu. Nisan nawa ƙudan ya yi? In ka ce za ka bi shi zuwa da komowa, za ka shiga jerin tafiye-tafiye masu ƙanƙancewa da ba su da ƙarshe. In ka kalli tazara, 30 ce ana cinta da 30 a awa, awa ɗaya ke nan. Ƙuda ya yi awa ɗaya yana tashi a kan 40. Kilomita 40. Ana ba da labarin cewa an yi wa John von Neumann, shahararren masanin lissafi haifaffen Hangare da ya rasu a 1957, irin wannan tambaya, ya amsa nan take. Mai tambaya ya zaci ya san gajeriyar hanyar ne, shi kuwa ya nuna cewa jerin nan marar ƙarshe ya tara a ka. Mu da ba a ba mu irin wannan kai ba, gajeriyar hanyar ta wadace mu.

Ga wanda ya riga ya kama zaren, a gwada shi da haɗuwa ta biyu. Motocin nan na farko sun wuce juna, ƙaramar ta isa Kano ta juyo ba tsayawa, tirela ta isa Zariya ta juyo. Yaushe za su sake haɗuwa? A haɗuwar farko su biyun sun ci hanya sau ɗaya. Kafin kowace ta kai ƙarshe, in an tara, sun ci ta sau biyu. Kafin su sake gamuwa sun ƙara sau ɗaya. Sau uku ke nan, kilomita 450, a raba da 125, awa 3.6, wato awa 3 da minti 36. Ƙaramar mota ta yi 270, tirela ta yi 180, sun gamu a kilomita 30 daga Zariya.

Jirgin ƙasa yana kawo wani abu da mota ba ta kawowa, wato tsawo. A tambayar gari da gari muna ɗaukar mota kamar ɗigo, domin mita biyar ba komai ba ce a cikin kilomita 150. Amma in aka ce jirage biyu suna gifta juna, ɗaya mai tsawon mita 200, ɗaya mai 250, ana son lokacin da za su ɗauka daga gamuwar kawunansu zuwa rabuwar taragon ƙarshe da taragon ƙarshe, to tazarar da za a ci ita ce tsawonsu duka, mita 450. In gudunsu kilomita 54 da 36 ne a awa, jimilla 90. Sai dai ba a raba mita da kilomita, dole a mai da su ma’auni ɗaya. Kilomita mita 1000 ce, awa daƙiƙa 3600 ce, shi ya sa ake ninkawa da 5 a raba da 18. Kilomita 90 a awa ta zama mita 25 a daƙiƙa. 450 a raba da 25, daƙiƙa 18.

Zariya gari ne da wannan lissafi ya daɗe yana aiki a cikinsa. Tun 1911 layin dogo ya ratsa ta nan ya nufi Kano, kuma tsohon layin nan tilo ne. Jirage biyu da suka fuskanci juna a kansa ba su da inda za su gifta sai a tasha mai layin kaucewa, saboda haka mai tsara jadawali dole ya san inda za su gamu tun kafin su tashi, ya tsayar da ɗaya ya jira. Kwalejin horar da matuƙa jiragen sama da ke nan, wadda aka kafa a 1964, tana horar da masu kula da zirga-zirgar sama, kuma su lambobinsu sun fi ban tsoro. Jirage biyu masu gudun kilomita 800 a awa in sun fuskanci juna, tazarar tana ƙarewa da 1600 a awa, fiye da mita 440 a daƙiƙa. Kilomita guda ba ta kai daƙiƙa uku. Shi ya sa ba a dogara da idon matuƙi kaɗai, ake raba masu nufar gabas da masu nufar yamma, kowa da tsayin da zai bi a sama.

Inda abin ya fi taɓa mu kullum shi ne wuce babbar mota a hanyar da ba tagwaye ba, irin ta Pambeguwa zuwa Jos, ko kuma inda gyara ya sa aka haɗe masu zuwa da masu dawowa a hannu ɗaya. A nan ɗebewa da tarawa suke haɗuwa a cikin tambaya guda, kuma ina roƙon mai karatu ya bi ta a hankali. Kana bayan tirela mai gudun kilomita 72 a awa, mita 20 a daƙiƙa. Ka fita za ka wuce ta da gudun 90, mita 25 a daƙiƙa. Hanya ɗaya kuka nufa, saboda haka abin da kake cin ta da shi mita 5 ne kacal a daƙiƙa. Ka haɗa ratar da ke tsakaninka da bayanta, da tsawonta, da tsawon motarka, da ratar da za ka bari kafin ka koma hannunka, mu ce mita 50. Daƙiƙa 10 ke nan kana kan hannun da ba naka ba. Cikin waɗannan daƙiƙu motarka ta yi mita 250 a kan kwalta. In akwai mai tahowa da gudun 90, shi ma ya yi 250. Tazarar da ke tsakaninku ana cinta da mita 50 a daƙiƙa. Ashe kafin ka fita, sai hanya ta kasance fayau har rabin kilomita, kuma wannan lissafin bai bar maka ko mita ɗaya ta rara ba. Motar da ka hango a mita 300, wadda ido yake gaya maka tana can nesa, daƙiƙa shida ce tsakaninku, kai kuwa goma kake bukata.

Abin da ke yaudarar direba shi ne yana jin gudun kansa a ƙafarsa, yana ganin tirela a gefensa, amma gudun mai tahowa ba ya jin sa. Motar da ta nufo ka kai tsaye ba ta nuna gudunta, girma kawai take yi a ido, kuma a nesa girman nan a hankali yake ƙaruwa, sai ta matso sannan ta cika gilashi farat ɗaya. Da dare kuwa fitila biyu kaɗai kake gani, wani lokaci ma ɗaya, ka zaci babur ne.

Sai dai akwai gyara guda da ya kamata a yi, domin akan wuce gona da iri da wannan tarawa. Za ka ji ana cewa motoci biyu masu gudun 80 in sun yi taho-mu-gama, daidai yake da mota ta daki katanga da gudun 160. In nauyinsu ɗaya ne, ba haka ba ne. Kowace daga 80 ta tsaya cak, ɓarnar kuma ta rabu a kan motoci biyu, saboda haka kowace kamar ta daki katanga mai ƙarfi ce da gudun 80. Lambar 160 gaskiya ce a wajen lokaci, ita ce take gaya maka yadda tazara take ƙarewa da ɗan abin da ya rage maka na taka birki. In kuwa nauyin ya bambanta, ƙaramar mota da tanka mai cike da mai, tankar ba ta tsayawa, tura ƙaramar take yi baya, kuma canjin gudun da jikin fasinjojin ƙaramar zai sha yana iya kusantar jimillar gudun biyun.

Duk misalan nan sun ginu a kan cewa gudu ba ya canzawa, abin da ba ya faruwa a hanyar Kano mai shingayen bincike da ramuka da tsayawa salla. A doguwar tafiya matsakaicin gudu ake sakawa, amsar ta fito kusa da daidai, in ta kauce da minti goma babu wanda ya cutu. A wajen wuce tirela kuwa kaucewar takan zo ta ɓangaren da ba ka so: direban tirela ya ƙara wuta a gangara, mita 5 ɗinka ta koma 3 a daƙiƙa, daƙiƙa 10 ta koma kusan 17, rabin kilomitar da kake bukata ta haura mita 800.